Hayaƙin taba da hayaƙin masana'anta: wanne ne yake cin maigidana?

"Assalamu alaikum Likita. Maigidana yana aiki a wani kamfanin narkar da tsofaffin ƙarafa, shekara 9 ke nan. Gidanmu ba shi da nisa da wajen, har warin hayaƙin muna ji da asuba. Yana shan taba kamar kara 10 a rana. Duk sanda na yi masa maganar ya bari, sai ya ce abin da yake shaƙa a wajen aiki ya ninka na taba, don haka barin ta ba zai ƙara masa komai ba. In ya taso aiki yakan sha madara gwangwani ɗaya, wai tana wanke ƙirji. Ga autanmu ɗan shekara 2, tari ba ya barinsa. Don Allah mene ne ainihin abin da ke cikin hayaƙin nan guda biyu, kuma maganarsa gaskiya ce?"

Wa alaikumus salam, Allah Ya ba yaron lafiya. Abin da kike son sani, Malama, shi ne ko gubar wajen aiki ta kai yawan da za ta sa ta taba ta zama ba komai ba, sannan ina matsayin ku da ke gida. Maigidanki ya faɗi rabin gaskiya. Hayaƙin wajen narkar da ƙarfe guba ne, kuma da yawa daga sinadaran da ke cikinsa su ne dai ke cikin taba. Inda lissafinsa ya karkace shi ne zaton da ya yi cewa wanda ya riga ya jiƙe ba ya tsoron yayyafi. A huhu abin ba haka yake tafiya ba, domin taba ce take kashe 'yan gashin da ke gadin huhu, waɗanda za su fitar da ƙurar kamfanin, shi ya sa ma'aikaci irinsa ya fi kowa cin ribar barin ta.

Wutar da ba ta ci ta cinye ba

Duk abin da ya fito daga tsiro ko mai, ganye ne, itace ne, roba ce ko baƙin mai, in ya ƙone sarai da isasshiyar iska, tururin ruwa da iskar kabon dayoksaid ne mafi yawan abin da zai bari. Matsalar tana zuwa ne in wutar ta ci rabi ta bar rabi. Karan sigari kuwa an yi shi ne don ya ci a hankali. Lokacin da aka zuƙa, bakin wutar yakan kai kusan digiri 900 a ma'aunin Salshiyas, in aka saki ya sauko wajen 600, ɗan baya kaɗan da wutar kuma ganyen dahuwa kawai yake yi cikin ƙarancin iska. A wannan ɗan tsakanin ake haifar da sinadarai fiye da 7,000, waɗanda aka tabbatar aƙalla 250 daga cikinsu suna cutarwa, kusan 70 kuma suna jawo ciwon daji. Tukunyar narkar da ƙarfe da aka zuba wa tsofaffin gwangwanaye masu fenti, da wayoyi masu roba, da sassan mota masu maiƙo, ita ma irin wannan rabin ƙunar take yi, sai dai a babban ma'auni.

Mutane sun fi sanin nikotin, amma shi aikinsa ɗaure mutum. Yana isa ƙwaƙwalwa cikin daƙiƙa 10 zuwa 20 da zuƙa, yana ƙara bugun zuciya da matse jijiyoyin jini, kuma shi ne ke sa hannu ya koma aljihu. Masu kisan su ne 'yan rakiyarsa.

Na farko iskar kabon monoksaid, wadda ba ta da launi ba ta da wari, ita ce dai take kashe iyali in sun kwana da janareto ko gawayi a ɗaki. Tana manne wa jan jini fiye da iskar numfashi sau 200 ko fiye. A jinin wanda ba ya shan taba, abin da ta kama bai cika wuce kashi 2 cikin 100 ba, a na mai sha kuwa yakan kai kashi 5 zuwa 10. Ki dubi maigidanki da wannan: ya shiga bakin tanderu da wani kaso na jininsa a ɗaure, tanderun ma tana fitar da wannan iskar, ga zafi, ga ɗaukar nauyi. Ciwon kai da jiri da saurin haki da irin waɗannan ma'aikata suke kawowa asibiti, sau da yawa daga nan suke.

Sai kwalta, wato baƙin danƙon nan da ke rina yatsu da haƙora. In mai shan taba ya busa hayaƙi ta cikin farin hankici, tabon ruwan ƙasa da zai bari ita ce. A cikinta akwai dangin sinadaran da ke cikin kunkunniya, babbansu shi ne benzofairin. Tarihin gano shi ma daga wajen aiki ya faro. A 1775 wani likitan fiɗa a Landan, Percivall Pott, ya lura cewa masu sharar bututun hayaƙin gidaje suna yawan kamuwa da sankarar fatar maraina saboda kunkunniyar da ke maƙale musu. A 1933 aka ware sinadarin daga kwaltar kwal, a 1996 kuma aka nuna yadda yake lalata daidai ƙwayar halittar nan da ke hana tsokar huhu rikiɗewa ta zama daji. Haka labarin sinadaran da ke kawo sankarar mafitsara: a 1895 likita Ludwig Rehn ya fara ganin cutar a jikin ma'aikatan kamfanin rini a Jamus, daga baya aka tarar da dangin waɗannan sinadaran a hayaƙin taba. Jini ne yake kwashe su daga huhu, ƙoda ta tace, su taru a mafitsara su jira fitsari. Shi ya sa fitsarin jini ga mai shan taba, ko ba ya zafi, ba abin da za a ce a bari a gani ba ne.

Akwai benzin, wanda ke cikin fetur da sinadaran narkar da fenti, yana taɓa ɓargo ya jawo sankarar jini. Akwai fomalin, wanda ake adana gawa da shi. Akwai kadmiyam, ƙarfen da ganyen taba yake zuƙowa daga ƙasa da taki, wanda in ya shiga jiki yakan zauna a ƙoda shekara 10 zuwa 30 kafin rabinsa ya fita. Shi ma yana tashi daga tsofaffin batura da ƙarafan da aka shafe da shi in an narka su. Cikin masu jawo daji akwai irin da taba ta keɓanta da shi, wasu sinadarai da ake kira naitrosamin na taba, waɗanda ke samuwa tun lokacin shanya ganyen da tsuma shi. Su ne dalilin da ya sa taba gari da ake cusawa a leɓe ko a shaƙa, duk da babu wuta, take kawo sankarar baki da maƙoshi.

Kamfanin kuma yana da nasa da taba ba ta kai shi ba: dalma mai yawa, tururin tutiya da ke sa zazzaɓi da ciwon jiki 'yan sa'o'i bayan tashi aiki, iskar farar wuta mai shaƙe maƙogwaro in ana ƙona baƙin mai ko kwal, ƙurar yashi daga bulon da ake gina cikin tanderu, da gubar dayoksin da ke fita in aka ƙona robar wayar lantarki.

Mu yi lissafi

Babban mutum yana shaƙar iska kimanin kyubik mita 15 a yini (kyubik mita ɗaya lita 1,000 ce). Hukumar Lafiya ta Duniya, a ƙa'idarta ta 2021, ta ce ƙurar nan mafi laushi da ake kira PM2.5, wadda ta fi silin gashi siranta sau kusan 30, kada ta wuce maikrogiram 15 a kowace kyubik mita a tsawon yini guda. Mu ɗauka iskar unguwarku ta lalace har ta kai maikrogiram 100 a kowace kyubik mita (maikrogiram 1,000 ne ke yin miligiram ɗaya). Wanda ya yini ya kwana a cikinta ya shaƙi miligiram 1.5 ke nan. Karan sigari ɗaya kuwa yana ba da kwalta wajen miligiram 10, kuma wannan awon inji ne, mutum yakan zuƙa fiye da inji. Kara 10 ya zama miligiram 100, kai tsaye cikin ƙirji ba tare da iska ta sirka shi ba. Ga wanda ke zaune a unguwa kawai, taba ta yi wa hayaƙin kamfani fintinkau.

Cikin kamfanin lissafin ya bambanta, kuma a nan ne maganar maigidanki take da ƙafa. A bakin tanderun da ba ta da na'urar zuƙe hayaƙi, ƙura tana iya kai miligiram 5 a kyubik mita. Mai aikin ƙarfi na awa 8 yana shaƙar wajen kyubik mita 10, wato miligiram 50. To ko a hakan, tabarsa ba ta gaza ba, ta ma ɗara.

Amma nauyi kaɗai ba ya ba da labarin duka. Hanyoyin iskar huhu a shimfiɗe suke da wasu 'yan gashi ƙanana da ido ba ya gani, suna kaɗawa dare da rana suna turo majina da ƙurar da ta kama zuwa maƙogwaro, a haɗiye ko a tofar. Gubobin hayaƙin taba irin su sayanaid da akrolin da fomalin suna sandarar da waɗannan gashin, in an daɗe ma su kakkaɓe. Ƙurar ƙarfen da ya kamata ta fito cikin sa'o'i sai ta samu wurin zama. Wannan ne ya sa haɗarin biyu ba tarawa ake yi ba, ninkawa ake yi. Misalin da aka fi sani shi ne na ma'aikatan asbesto (wani ma'adini mai zare-zare da ake sawa a rufin gini da kayan tare zafi) a Amurka, a wani bincike na 1979: asbesto kaɗai ya ninka haɗarin sankarar huhu kamar sau 5, taba kaɗai kamar sau 10, wanda ya haɗa biyun kuwa kusan sau 50. Ana kukan targaɗe sai ga karaya.

Akwai kuma wata hanya da ma'aikata ba sa lura da ita. Mutum ya fito hutun rabin awa da hannu baƙi ƙirin, ya zaro kara daga kwalin da ya yini a aljihun rigar aiki, ya murza shi, ya kunna. Dalma tana narkewa a digiri 327, bakin sigari ya ninka haka kusan sau uku. Ƙurar da ke jikin takardar sai ta zama tururi ta wuce huhu, wadda ke yatsu kuma ta bi leɓe. A wurin aiki ɗaya, masu shan taba sukan fi abokan aikinsu yawan dalma a jini, kuma wannan na daga cikin dalilan.

Kada kuma ya ce zai rage zuwa kara biyu ya huta. Ga huhu ragewa tana ɗan taimakawa, ga zuciya kuwa kaɗan ne ribar. Wani babban nazari da aka buga a 2018 ya nuna mai shan kara ɗaya tak a rana yana ɗauke da kusan rabin ƙarin haɗarin ciwon zuciya na mai shan kara 20, domin ɗan hayaƙi kaɗan ya isa ya sa jini saurin daskarewa. Sigarin da ake cewa mai sauƙi ne shi ma dabara ce: 'yan ƙananan huji ne a jikin matatar, inji ya auna ya ga hayaƙi ya ragu, mutum kuwa ya toshe su da yatsu da leɓe ya ƙara zurfin zuƙa. Shisha ta fi muni ta fuskar kabon monoksaid saboda gawayin da ke kanta, ruwan kuma sanyaya hayaƙin kawai yake yi.

Maganar madara

Wannan ta yaɗu a wajen masu walda da masu fenti da masu injin niƙa. Madara ciki take tafiya, hayaƙi kuma huhu, hanyarsu ta rabu tun daga maƙogwaro. Ba ta wanke komai. Ɗan abin da ke cikin maganar na gaskiya shi ne hanji ya fi zuƙar dalma in ciki ba komai, ko in jiki na da ƙarancin sinadarin ƙashi da na ƙarin jini. Don haka ya karya kumallo kafin ya fita, ya ci wake da ganye da nama gwargwadon hali, ya sha madararsa a matsayin abinci. Illarta ɗaya ce, in ta sa ya ga kamar ya biya bashin ranar.

Abin da ke tsare ƙirji shi ne takunkumin da ya dace. Ƙyalle ko rawani ko shuɗin takunkumin asibiti ba sa tare ƙura mai laushi. Mai lamba N95 ko FFP2 yana tare ƙura in ya zauna daram a fuska, amma iskar guba tana ratsa shi. Aikin narkar da ƙarfe yana son na roba mai rufe hanci da baki, mai matata biyu a gefe masu lamba P100 ko P3, a ƙara da matatar gawayi in akwai tururin fenti ko iskar farar wuta. Yadda ake gwada zamansa: a toshe matatun da tafin hannu a ja numfashi, in ya manne wa fuska ya tsaya to ya kama, in iska ta shigo ta gefe a gyara maɗaurin. Gemu mai kauri yana hana shi kamawa, mai gemu sai dai irin mai rufe kai gaba ɗaya da ake hura wa iska. A canza matatar ƙura in numfashi ya fara nauyi, ta gawayi kuma da zarar an ji wari ya ratso, a kuma ajiye ta cikin leda a ɗaure, don ko ba a sa ta ba tana ci gaba da shan iskar wurin. Duk cikinsu babu mai tare kabon monoksaid. Wannan sai iska mai ratsa ɗakin aiki da na'urar zuƙe hayaƙi a saman tanderu, kuma haƙƙi ne a kan masu kamfani.

Yaron, da ku da ke gida

Autanku ya fi damuna a wasiƙar nan. Hayaƙin da ke tashi daga bakin sigari tsakanin zuƙa da zuƙa bai bi ta matata ba, kuma a ƙaramar wuta ya fito, don haka wasu gubobin sun fi yawa a cikinsa. Ga babba da ke zaune da mai shan taba, haɗarin ciwon zuciya yana ƙaruwa da kashi 25 zuwa 30 cikin 100. Ga yaro kuwa asma ce, da ciwon kunne mai maimaituwa, da nimoniya. Buɗe taga ko kunna fanka ba ya isa, kuma hayaƙin yana kwanciya a labule da katifa da riga. Dokar gidan ita ce ba a sha a ɗaki, ba a sha a tsakar gida kusa da yara, ba a sha a mota.

Ki ƙirga numfashinsa na minti ɗaya cur yana kwance ba ya kuka. A shekarunsa, 40 ko fiye saurin numfashi ne. In kin ga haka, ko ƙasan haƙarƙarinsa yana lotsawa in ya ja iska, ko ya kasa shan ruwa, asibiti a ranar. Tarin da ya wuce mako biyu, nasa ko na babansa, a gwada tarin fuka. Gwajin da maganin kyauta ne a cibiyoyin gwamnati, kuma taba da ƙurar yashi duk suna buɗe wa wannan cuta ƙofa.

Dalma kuma ba ta sa tari, shi ya sa take wucewa ba a sani ba. Abin da ya faru a Zamfara a 2010, inda yara fiye da 400 suka rasu a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, ƙurar dutsen zinariya ce da ake niƙawa a cikin gidaje, yara suna rarrafe a kanta suna kai hannu baki. Rigar aikin maigidanki da takalminsa ƙaramin samfurin wannan hanyar ne. Ya yi wanka ya canza kaya a can in da hali. In babu, ya tuɓe a zaure ya sa su cikin buhu, ya yi wanka kafin ya ɗauki yaro. A wanke su daban, kada a kaɗe su, kada ruwan wankin ya bi inda yara ke wasa. Ɗaki kuma a goge shi da jiƙaƙƙen tsumma, tsintsiya tayar da ƙurar take yi. Ku nemi a auna dalma a jinin yaron da na uban a babban asibiti. Babu adadin da ake ce wa lafiya lau ga yaro, daga maikrogiram 5 a desilita (kashi ɗaya cikin goma na lita) na jini kuma Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce a nemo tushen a toshe.

Warin da kike ji da asuba yana da dalili. Da dare ƙasa tana hucewa, iska mai sanyi ta kwanta a ƙasa, mai ɗumi ta rufe ta kamar murfi, hayaƙi ya rasa hanyar tashi sai rana ta ɗaga. Abin ya fi tsanani da hunturu. Irin wannan murfin ne ya rufe Landan kwana biyar a Disambar 1952, hayaƙin kwal ya kashe mutum 4,000 a ƙirgen farko. A rufe tagogin da ke fuskantar kamfanin daga dare zuwa hantsi, a sha iska da rana, a ɗage shanya da wasan yara a waje zuwa lokacin. A arewa iskar hunturu daga arewa maso gabas take busowa, ta damina daga kudu maso yamma, don haka za ki iya gane watannin da gidanku yake bakin hayaƙin. Maganin gaske yana can bakin bututu: matatar buhuna mai kyau tana kama fiye da kashi 99 cikin 100 na ƙura, sai dai buhunan suna yagewa, wani lokaci kuma a kashe na'urar da dare don tsimin mai. Tsawaita bututu raba hayaƙin kawai yake yi ga unguwanni masu nisa. In za ku kai kuka, ku haɗu ta hannun mai unguwa, ku rubuta ranaku da lokuta da launin hayaƙin, ku ɗauki hotuna, ku kai ma'aikatar muhalli ta jiha ko NESREA, hukumar kare muhalli ta tarayya, wadda aka kafa a 2007 don irin wannan.

In ya yarda zai bari

Daga wasiƙa ba zan iya faɗin halin da huhunsa yake ciki ba, sai an saurari ƙirjinsa, an auna hawan jini, an yi masa gwajin busa iska da hoton ƙirji. 'Yar na'urar nan da ake maƙalawa a yatsa kada ta ruɗe ku, ba ta bambanta kabon monoksaid da iskar numfashi, tana iya nuna 98 alhali jini a ɗaure yake. Abin da na tabbata da shi shi ne ribar bari: cikin kamar awa 12 kabon monoksaid ɗin taba ya sauka, bayan shekara ƙarin haɗarin ciwon zuciya ya ragu da rabi, bayan shekara 10 haɗarin sankarar huhu ya koma kusan rabin na mai ci gaba da sha. Wanda ya bari kafin ya kai shekara 40 da haihuwa ya kauce wa kusan kashi 90 cikin 100 na ƙarin haɗarin mutuwar da taba ke jawowa.

Ya sa rana, ya bari gaba ɗaya a ranar, ya fitar da kwali da ashana daga aljihu. Watan azumi yana taimaka wa da yawa tunda an riga an saba da yinin. Ƙaiƙayin son ta yakan zo ya wuce cikin 'yan mintuna, ya fi tsanani a kwana ukun farko, ya lafa cikin mako 2 zuwa 4; a wannan tsakanin za ki ga saurin fushi da rashin barci, ki yi masa uzuri. Filastar nikotin da ake mannawa a fata tana rage wahalar: mai shan fiye da kara 10 yakan fara da miligiram 21 na mako 6, sai 14 na mako 2, sai 7 na mako 2, mai shan 10 ko ƙasa ya fara daga 14. Akwai cingam ɗin nikotin na miligiram 2, ko 4 ga wanda ke kunna ta farko cikin rabin awa da farkawa, ana tauna shi kaɗan a ajiye a kumatu, in aka tauna kamar cingam na kanti sai shaƙuwa da tashin zuciya. In yana da ciwon zuciya ya fara ganin likita.

Ki gaya masa wannan tun kafin ya fara: a makonnin farko tarinsa yana iya ƙaruwa, kakin ya fito da yawa har da baƙi-baƙi. Da yawa a nan suke komawa, su ce ai da suna sha ma sun fi lafiya. 'Yan gashin nan ne suka farfaɗo suka kama sharar abin da ya taru, kuma yakan lafa cikin 'yan watanni. In dai kakin ya zo da jini, ko zazzaɓi, ko rama, wannan daban ne, a kai shi a duba.